Kaset ɗin Brazil a Gonar Awali

Bana azumi ya dawo inda na bar shi. Shekara talatin da ɗoriya yana zagaye, ya bi ta tsakiyar sanyi, ya ratsa zafin nan na Madina mai sa ƙofar mota ta ƙona hannu, ga shi ya sake faɗowa daidai lokacin da dabino ke fasa kwanso. Shekaranjiya da hantsi muka bi ta gonakin dabinon Awali a motar surukina, iska ta kwaso ƙamshin furen namijin dabino ta watso mana ta taga. Ya ce in ɗaga gilashi kada mura ta kama ni. Na ƙi. Na lura kwanan nan tsufa ya fara sanyaya mini wani fushi da na daɗe ina kiwo, ni kuwa ban ba shi izini ba. Na shaƙi ƙamshin nan har cikin ƙirji, na ji fushina ya farka lafiya lau.

Ni malamin labarin ƙasa ne, ko in ce na taɓa zama. Na koyar a wata makarantar midil a garinmu na Hausawa da ke bakin kogi a Sudan, har ranar da alli ma ya gagari makarantar. Na zo Madina da takardun shaidata a cikin leda, na samu iƙama, takardar izinin zama, mai cewa ni ma'aikacin gona ne. Tafin hannuna ya yi gardama wata biyu, sannan ya yi kanta ya yarda.

Gonar ta wani dattijo ce, Ammu Hamid, mutum mai tsoron Allah da saurin yanke hukunci, kuma a aljihu ɗaya yake ajiye su biyun. Ba ya zuwa sai Juma'a. Sauran kwanaki gona tana hannun wakilinsa, Abu Nawaf, haifaffen nan, ɗan ƙasa, wanda kakansa ya tako daga Damagaram da ƙafa. Yana jin Hausa sarai, amma in ka yi masa ita sai ya dube ka kamar ka yi tari, ya amsa da Larabci. Sai mu biyu masu hawan bishiya, ni da Baba Idi.

Baba Idi haifaffen Abeshe ne, ya girma a Fot Sudan, ya ƙare ƙuruciyarsa a jirgin ruwa mai dakon kajin ƙanƙara daga Brazil zuwa Jidda. Wata rana ya sauka ya ce ya gaji da ƙasa mai motsi. Ya zo Madina ziyara, ya tsaya a Baƙi'a, maƙabartar da ke jikin masallacin Annabi, ya ga inda yake so ya ƙare. Daga nan bai sake fita ba.

"Ba ni da gida, ba ni da ɗa," yakan ce mini. "Rami ɗaya nake nema a garin nan, Ustaz, kuma ba na zaɓen kusurwa."

Shekararsa goma sha shida a gonar. Duk shekarar da aka sabunta masa iƙama sai ya ce an bar shi a layi. Shi kaɗai ke kiran Abu Nawaf "ɗan Kande", don ya san uwarsa tun tana toya waina a lungun Hausawa, ya kuma ci wainarta. Ba da mugunta yake faɗa ba. To, da 'yar kaɗan.

A Madinar wancan lokaci Brazil abu biyu ce: kaza da ƙwallo. Kazar tana kwance a kowane firij da tambarin halal a ƙirji. Ƙwallon kuwa ba su daɗe da cin kofin duniya ba, kowane shago da hoton rigar ɗorawa. Ni na ƙara da abin da na koyar da 'ya'yan mutane, babban kogi da daji da gahawa, ina ganin na gama da ƙasar. Sauran karatun a kan bishiya na yi shi.

Cikin Sha'aban ne, bayan azahar, muna cire wa dabino ƙaya kusa da istiraha, wato ɗakin hutun mai gona, inda talabijin da bidiyo suke. Abu Nawaf ke riƙe da mabuɗi, kuma ya saba kulle kansa ciki a wannan lokaci. Ta taga muka jiyo busar ƙaho mai rawar kai, da dariyar mace, sannan aka buga ƙofa, wani ƙato ya kama ihu da harshen da ban sani ba. Baba Idi ya tsaya da lauje a hannu, ya karkata kunne.

"Ka ji? Mijin ya dawo."

"Wane miji, Baba?"

"Kullum miji yana dawowa. Yanzu kwarton zai shige kabad ɗin kaya."

Bai rufe baki ba muka ji ƙarar murfin katako. Ya gyaɗa kai kamar malamin da ɗalibinsa ya kawo hadda daidai.

Kwana uku yana ba ni labarin, yana bishiyarsa ina tawa. Ya ce a garin da suke lodin kaji, gidajen siliman da ke nuna irin waɗannan finafinai ba a lungu suke ba. A babban titi suke, da allunan fenti, kuma tun kafin rana ta take ake buɗewa. A layi za ka ga 'yan dako da direbobin bas da akawu riƙe da jakarsa, wani lokaci har mutum da matarsa. Finafinan kuwa wasan barkwanci ne da aka rage wa tufafi. Labarin bai wuce uku ko huɗu ba, ana juya su kamar waina: attajiri mai tumbi yana bin 'yar aikin gidansa ita kuwa ta fi shi wayo, bazawara da maƙwabtanta, saurayi matsoraci da kawunsa ya ɗauki alkawarin wayar masa da kai.

"Dariya ake zuwa yi, Ustaz. Ido yana samun rabonsa, ban ce ba ya samu ba. Amma ka duba, talaka ya wuni ana yi masa tsawa, sai ya shiga duhu ya zauna ya ga an tuɓe wa irin maigidansa wando an bi shi da tsintsiya. Wa zai hana shi dawowa gobe?"

Ya ce sojoji ke mulki a lokacin, kuma suna da masu almakashi. In ɗan wasa ya taɓa gwamnati da kalma ɗaya a yanke, in mace ta fito da tawul a bar ta ta wuce. Masu ilimin ƙasar suna zagin finafinan a jarida, amma shi da idonsa ya ga irinsu a kujerun baya, jaridar a fuska. Ran Litinin kowa sai ya ce bai je ba, amma kowa ya san abin da ya faru da attajirin. 'Yan matan kuwa daga baya wasu suka koma wasan kwaikwayon talabijin na bayan magariba, kaka da jikokinta suna kallo suna kiran sunansu kamar 'ya'yan maƙwabta.

"Na tuba tun gashin bakinka bai fito ba," ya ce. "Sai dai tuba ba ta goge wa mutum ido."

Shekaru bayan haka na bi littattafai na tarar duk abin da ya faɗa haka yake. Abin da suka ƙara mini ɗaya ne: da bidiyo ya shigo da na ƙasashen waje, waɗanda babu dariya a cikinsu ko kaɗan, sai na gida suka mutu, gidajen siliman suka watse. Ashe abin da Abu Nawaf ke kulle ƙofa a kansa tsohon yayi ne da masu shi suka zubar, ya bi hannun direbobi ya iso Awali.

Kuskuren Baba Idi shi ne bai ɗauki labarin abin ɓoyo ba. Ya ba direban tankar ruwa, ya ba leburorin gonar maƙwabta. Kuma wata rana da Abu Nawaf ya fito daga istiraha yana gyara ƙyallen kansa, Baba ya leƙo daga sama ya ce, "Ɗan Kande, an kuwa samu mutumin a kabad?" Abu Nawaf ya kulle ƙofar ya wuce.

Sai azumi ya kama.

Sanyin asuba na shekarar nan yana shiga ƙashi. Mukan yi sahur da ful, wato dafaffen wake, da gurasar tamis ta jiya da shayi mai zafi, mu yi salla, mu jira raɓa ta bushe, don ba a auren dabino da jiƙaƙƙen fure. Larabawan nan suna da sunansa, mu auren dabino muke cewa. Baba Idi ne ke zagaya mazan bishiyoyi, ya matsa kwanso da yatsa kusa da kunnensa. In ya ji ƙas-ƙas ya san ya nuna, ya yanko. A ɗakin ajiya yake tsaga shi, ya baza silin furen a kan tsofaffin jaridu a inuwa, ba rana ba iska, har garin ya fara zuba. Sai mu ɗaura igiya a ƙugu mu hau macen da ta fasa, mu cusa sili biyar ko bakwai a tsakiyar furenta, kai a ƙasa, mu ɗaure da ganye sako-sako. Kwana uku ne ko huɗu take karɓa. In ka makara ka makara sai baɗi.

Kafin azahar rana ta huce haushin sanyin a kanmu. Garin furen yana shiga hanci ya manne a maƙogwaro, kai kuwa ba damar kurɓar ruwa. Ƙayar da muka manta a Sha'aban takan tuna da mu a damtse. Daga sama kana ganin ruwan rijiya yana gudu a kwata tsakanin bishiyoyi, yana walƙiya, kowace bishiya tana sha kana kallo. In na sauko, Baba yakan ce, "Ustaz, ka zauna ka zana mana taswirar ƙishirwa."

Abinci yana hannun Abu Nawaf, kamar mabuɗi. Mai gona yana aiko da katan ɗin kaji don ma'aikata, mu kuwa abin da ke iso mana kaza ɗaya ce a kwana uku. Ranar farko cinya, ta biyu ƙirji, ta uku wuya da romo da kyakkyawan zato. Baba yakan ɗaga wuyan ya ce wataƙila kakarta ta hau jirginsa. Amma buɗa-bakinmu ba ya rasa dabino, da zabadi, wato kindirmo, da kunun tsamiyar da Baba ke damawa a gwangwanin madara. Yau 'ya'yana suna shimfiɗa abinci kala goma su ce ban ci komai ba. Ban taɓa gaya musu cewa kunun gwangwanin nake nema ba.

Juma'a ta biyu cikin azumin Ammu Hamid ya zo bayan masallaci da surukansa biyu. Abu Nawaf ya tafi kasuwa bai dawo ba, amma mai gona yana da nasa mabuɗin. Surukan suka ce a sa musu ƙwallo su rage tsawon rana. A kan bidiyon akwai kaset, an rubuta masa wasan Brazil.

Muna kan bishiya muka ji busar ƙahon nan. Ba a daɗe ba ƙofa ta buɗe da ƙarfi, dattijon ya fito ba takalmi, carbi a hannu, yana tofar da yawu yana neman tsari. Baba Idi ya dube ni ta tsakanin rassa.

"Inna lillahi. Yau miji ya dawo da gaske."

Motar Abu Nawaf ta shigo ana cikin haka. Abu ɗaya zan yaba masa: yana da saurin lissafi. Kafin ya rufe ƙofar mota ya gane abin da ya faru, kafin ya iso inuwar da aka tara mu ya gama shirya amsa.

"Ya Ammu, wa ya taɓa zuwa Brazil a gonar nan? Wa ke share istiraha duk Alhamis? Ka tambayi direban tanka irin hirar da ake yi masa."

Ammu Hamid ya juya ga Baba. "Ka taɓa kallon irin wannan ƙazanta?"

"Na kalla, ya Ammu. A ƙasarsu, da daɗewa."

"Kaset ɗin naka ne?"

"Ba nawa ba ne."

"Na wa ne?"

Baba ya dubi Abu Nawaf, ya daɗe yana dubansa, ina jin fuskar Kande yake nema a ciki. Sannan ya ce, "Ɗakin yana da mabuɗi, ya Ammu."

Sai dattijon ya waiwayo gare ni. "Ustaz, kai mai ilimi ne, kana azumi. Ka taɓa jin yana ba da labarin waɗannan abubuwa?"

"Na ji."

"Ka taɓa ganin wanda ya shigo da kaset ɗin?"

Iƙamata a ranar tana cikin motar Abu Nawaf, ya karɓa zai kai sabuntawa. Matata da 'yata suna Sudan suna jiran in ɗauko su. Tambayar kuma gani aka ce, ba ji ba.

"Ban gani ba," na ce.

Ban yi ƙarya ba. Na sha duba maganar nan ta kowace fuska, kamar takardar jarrabawa, ban taɓa samun ƙarya a cikinta ba. Sifili nake ba ta duk da haka.

"Halas, magana ta ƙare," in ji Ammu Hamid. "Ya bar gonar yau. Bayan salla a buga masa takardar fita ba dawowa."

Baba bai roƙi kansa ba. Cewa ya yi, "Ya Ammu, ajwa ba ta fasa ba tukuna. Bari in aurar da ita, sannan ka kore ni."

Ajwa ita ce baƙar dabinon Madina, ita ce darajar gonar, layi biyu daga rijiya zuwa katanga. Dattijon ya ce hannun da ya taɓa wancan abu ba zai taɓa ajwarsa ba. Abu Nawaf ya ce shi zai tsaya a kan aikin, ai ba wani ilimi ba ne, cusa kara ne a cikin kara.

Kafin la'asar Baba ya ɗaure akwatinsa na ƙarfe da butarsa, ya tafi unguwar Jurf wurin wani tela ɗan garinsu. Igiyarsa ya bar mini.

Kwana huɗu bayan haka zafi ya sauko ba sallama, ajwa ta fasa kusan gaba ɗaya. Abu Nawaf ya ɗebo leburori huɗu daga bakin titi, ya ce ran Alhamis za a gama duka, don mai gona ya zo Juma'a ya gani. Furen da Baba ya bari a ɗakin ajiya, wanda zai ishi sauran gonar har ƙarshen lokaci, ya ce inuwa ba ta busar da shi da wuri, ya sa aka kwashe aka baza a saman rufi. Muka hau tun hantsi. Ana kiran azahar muka ɗaure ta ƙarshe.

Ina zaune a gindin katanga na ga hadari ya taso daga yamma, baƙi ƙirin, iska ta juya ta yi sanyi tana ƙamshin ƙasa. Abu biyu na sani a lokacin, duka daga bakin Baba. Ruwan da ya sauka sa'o'i kaɗan bayan aure yana wanke garin, sai an sake. Furen da ya jiƙe kuwa ya mutu, ko an shanya shi ya bushe. Tsani yana jingine taku goma daga inda nake. Na dube shi. Na ce a raina ni malamin labarin ƙasa ne, aikina in lura da gajimare, ba in yi masa katsalandan ba.

Ruwan ya zo da manyan ɗigo masu buga ƙura, sannan ya tsuge. Rassa suka yi ta sheƙi, kwata ta cika ta tumbatsa, leburori suka fito suna ɗaga hannu suna dariya, kowa yana rufe baki kada ɗigo ya karya masa azumi. Na bar shi ya jiƙa ni har fata. Tun da na zo ƙasar nan ban ji daɗin ruwa irin na ranar ba.

Abu Nawaf ya fito bakin istiraha yana kallon bishiyoyi. Wani abu ya ɗan taɓa shi, don ya kira ni.

"Ya Ustaz, ruwan nan ba ya cutar da auren?"

Ina azumi, ba zan yi ƙarya ba. Na ce, "Ruwa rahama ne, ya Abu Nawaf."

Ya ce sadaƙta, ya koma ciki. Washegari ya sa aka juya furen rufi a rana har ya bushe, da shi muka ƙarasa sauran gonar.

Ran Juma'ar da la'asar na tafi Jurf da ɗokina, na tarar da Baba zaune a ƙofar tela yana warware zare. Na ba shi labari tiryan-tiryan, har da tsani. Na zaci zai yi dariyar nan tasa ta siliman Brazil, ga attajiri ga tsintsiya. Bai yi ba.

"Dabinon me suka yi maka?"

"Baba, mutumin nan ya raba ka da Madina."

"Shi ya yi. Su fa? Shekara guda suna shan gishirin rijiyar nan don kwana ukun nan. Ka je gonar maƙwabta ka roƙi fure, gobe da hantsi ka sake. Har yanzu suna karɓa."

"Ba zan gyara masa aiki ba."

Ya ci gaba da zarensa. Can ya ce, "To ka yi wa Hajiya. Ni na dasa ta."

Hajiya ita ce ajwar farko a bakin rijiya. Ran Asabar na roƙo sili kaɗan a maƙwabta, na hau ta da igiyar Baba, na sake mata aure reshe-reshe. Na yi wa Baba biyayya daidai bishiya ɗaya. Sauran na wuce su ina gaishe su.

Kwana goma bayan salla aka buga masa takardar. Da safe ya je Baƙi'a ya daɗe tsaye, sannan na raka shi har Bi'ir Ali, inda motocin Makka ke tsayawa a ɗaura harami, don ya ce zai yi umara kafin jirgi. Ya fito cikin fararen mayafai biyu, ƙafafunsa sirara duk tabon ƙaya. Ya waiwaya wajen gari sau ɗaya.

"Layin ya kusa zuwa kaina aka cire ni," ya ce. "Ka gaida Hajiya."

Ramuwa irin ta manomi tana son haƙuri. Wata biyu ba a ga komai ba. Da zafi ya kankama sai abin ya bayyana: 'ya'yan suka fito uku-uku a manne, sirara, ba ƙwallo a ciki, ba sa girma ba sa nuna. Shis ake ce wa irinsa. In ka tauna sai ka ji kamar ka ci takarda, bakinka ya ɗaure. Masu awaki ke sayensa. Layi biyu na ajwa, da fiye da rabin sauran gonar, duk shis. A bakin rijiya kuwa Hajiya ta yi nauyi har sai da muka tokare mata nonnan 'ya'ya da itace.

Ammu Hamid ya bi layin nan a hankali da sandarsa, Abu Nawaf na biye yana ɗora laifi a kan iska da leburori da ruwan rijiya. Da suka iso Hajiya dattijon ya tsaya ya ɗaga kai.

"Wannan fa, ba iska ɗaya suka sha ba?"

Na ce, "Wannan an sake mata aure bayan ruwa, ya Ammu. Baba Idi ya ce a yi."

Daga nan na buɗe baki na faɗi sauran: busar ƙaho ta taga tun Sha'aban, ƙofa a kulle, Baba a kan bishiya kusa da ni. Na faɗa da Larabcin makaranta, mai wasali cikakke. Ya kamata in ambata cewa sabuwar iƙamata tana aljihuna a lokacin.

Dattijon ya dube ni ya ce, "Ranar nan ina bakinka yake?"

"A motar Abu Nawaf, tare da iƙamata."

Batun tsani ban faɗa masa ba. Ba a tambaye ni ba.

A ranar aka karɓe mabuɗan daga hannun Abu Nawaf. Ɗan ƙasa ne, ba inda za a kora shi. Kafin wata ya zagayo ya samu kujera a wani ofis mai sanyi. Ammu Hamid, Allah ya jiƙansa, ya yi abin da ya iya, ya nemo wa Baba sabuwar biza ya aika Fot Sudan. Amsar ta zo ta hannun tela. Baba Idi ya rasu makonni kaɗan kafin takardar ta isa, zazzaɓin kwana biyar. An binne shi a wani tudu a bayan gari, inda aka ce ana hango jirage suna shigowa. Mutumin da ya gaji da teku, ita aka ba shi ya yi ta kallo.

Tun daga shekarar na ɗauki wata al'ada. Duk jajibirin azumi nakan je wurin masu sayar da abincin dabbobi in auno shis, in wanke shi tas, in zuba a kwano mai kyau. Ranar farko bayan la'asar in kai wa Abu Nawaf da hannuna a ƙofar masallacin unguwarsu, gaban mutane, in ce ga na buɗa-baki. Ba ya iya ƙi, ba ya iya bayani. Yakan karɓa ya ce Allah ya saka, ni kuwa in ce amin da zuciya ɗaya.

Bana a keken guragu na same shi, rabin jikinsa ya mutu. Wani abin mamaki, ciwon ya tafi da yawancin Larabcinsa ya bar masa Hausar Kande, tsaf, har da karin Damagaram. Na ɗora masa kwanon a cinya. Ya daɗe yana kallonsa.

"Ustaz, shekara talatin. Bai isa ba?"

"Da ɗaya," na ce.

"Likita ya ce in shirya. Ka yafe mini."

"Ba ni ka kora ba. Mai yafe maka yana Fot Sudan, kan tudu. Kai kuwa ko motsi ba sai ka yi ba, daga nan Baƙi'a za a kai ka, a ramin da wani ya yi shekara goma sha shida yana jira."

Na juya zan tafi, ya riƙo gefen rigata da hannunsa mai rai.

"Kai ma kana wurin ranar, Malam. Kai aka tambaya."

Ba sabon labari ya ba ni ba. Bai taɓa lura cewa kwanon rabi nake kawo masa ba.

Na iso gida ana shirin kiran magariba. An shimfiɗa leda, ga ajwa a faranti, baƙa, mai laushi, jikokina suna ƙirga mintoci. Na zauna a wurina na jawo ƙaramin kwanon da matata ta daina tambayata dalilinsa. Da ladan ya ɗaga murya kowa ya miƙa hannu ga ajwa. Ni na ɗauki shis ɗina, na yi bismilla, na tauna.